Kaskon Kare a Bakin Rijiya

Yayana, uwarmu ɗaya ubanmu ɗaya, ya zauna a zauren mai unguwa ya rantse da Allah cewa karena ya haukace, ya ce a kira maharbi a harbe shi. Ya san ba gaskiya ya faɗa ba. Wannan shi ne abin da aka yi mini, kuma na rubuta shi a farko don kada wani ya karanta ya ce na yi ta kewaye-kewaye. Ban yi boko mai nisa ba, a firamare na tsaya, amma abin da na gani da idona zan iya jera shi.

Gidanmu a Iku yake, nan gefen Suleja, a bakin gonar da mahaifinmu ya bari. Da aka raba gado, Yaya ya sami ɓangaren da ke kallon hanya. Ni na sami ɗakuna biyu, da tsakar gida mai rijiya da bishiyar mangwaro, da wata guntuwar gona can nesa wajen duwatsu. Shi ɗan kasuwa ne, ni manomi. Karen kuwa tun yana ɗan kwikwiyo na karɓo shi, ja ne mai farin ƙirji, aikinsa korar birai daga masara. Tare muke fita, tare muke dawowa. In ya kamo gafiya, kawo mini yake yi, in sa hannu a bakinsa in karɓa, ko tsaki ba ya yi.

Sai gwamnati ta tare a Abuja, mutane suka yi ta kwararowa Suleja neman wurin kwana. Duk mai fili ya zama mai bulo. Yaya ya jera ɗakunan haya a nasa ɓangaren, ya cika su da ma'aikata daga Kano da Katsina da Zariya. Bai haƙa musu rijiya ba, tawa suke sha. Ban hana ba, ruwa na Allah ne.

Wata rana ya same ni ina gyaran fartanya ya ce, “Wannan karen naka a ɗaure shi. 'Yan hayana ba su saba da kare ba.”

Na ce, “Yaya, da safe ai gona muke tafiya.”

Ya ce, “Ka bar shi a gida ya yi gadi. Yanzu akwai rediyo da talabijin a gidan nan, ba masararka kaɗai ba ce abin sata.”

Shi ne babba, na bi. Da hannunsa ya sayo sarƙa, da hannunsa ya ɗaure kare a gindin mangwaro, wai nan ne ke da inuwa. Gindin mangwaron kuwa shi ne bakin rijiya. A nan matata take ajiye masa kaskonsa da safe, ragowar tuwo da ƙanzo, sau ɗaya a yini.

To ga inda abin ya lalace. 'Yan hayan nan mutanen kirki ne, masu kiyaye tsarki. Da sassafe suke fitowa ɗibar ruwa kafin su ruga tasha neman bas, kowa da farin kayansa na ofis. Suna tsoron yawun kare ya taɓa musu buta ko gefen riga. Akwai wata doguwar gora da muke ciro guga da ita in ya faɗa rijiya. Sai wani ya gano dabara: in ya zo ya tarar kare na ci a kan hanya, sai ya ɗauki gorar ya tura kaskon can gefe, kare ya bi abincinsa, shi kuma ya wuce. Na biyu ya gani ya kwaikwaya. Sau da yawa turin yakan yi yawa, kaskon ya wuce inda sarƙa take kaiwa, kaji su taru su cinye, kare yana kallo yana shaƙe wuyansa. Ba mugunta suke nufi ba, na yarda. Amma ku sa kanku a wurinsa. Kullum ka sa baki a abinci, sai ga mutum da sanda, abinci ya tafi.

Ni lokacin na riga na kama hanyar gona, ban gani ba. Matata ce ta gani, ta je ta gaya wa Yaya, tun da 'yan hayansa ne. Ya yi dariya ya ce mata, “Ƙyale su, yunwa ce ke sa kare ya iya gadi.” Saboda haka nake cewa ya sani.

Kafin damina ta raba, kare ya canza. In an ajiye kasko sai ya hau kansa da ƙirji, ya sunkuyar da kai, gashin bayansa ya miƙe, yana haɗiya ba tauna. Ko inuwar mutum ta gifta sai gurnani. Ran nan wani ɗan haya, masinja ne a wata ma'aikata, mutumin Katsina, siriri mai yawan gaisuwa, ya ɗauki gora kamar yadda ya saba. Kare ya yi tsalle ya kama shi a ƙwauri. Wando ya yage, haƙori ya karce fata. Ba rauni mai zurfi ba ne, amma jini ya fita. Na kai shi asibiti aka yi masa allura, na ba shi haƙuri. Kafin in dawo gida Yaya ya riga ya kai ƙara.

Mai unguwa tsoho ne, ya san mahaifinmu. Ya saurari rantsuwar Yaya har ƙarshe, sannan ya juyo gare ni.

“Kai fa, me ka ce?”

“Ranka ya daɗe, mahaukacin kare ba ya shan ruwa, ba ya gane mai shi. Wannan yana sha, kuma in na kira shi yana zuwa.”

“Ba wannan na tambaye ka ba. Ya ciji mutum ko bai cija ba?”

“Ya cija.”

“To?”

Na faɗi maganar gora. Yaya ya ce, “Allah ya ba ka nasara, ji fa. Mutum na kare kansa daga najasa, wannan yana kare wa kare.” 'Yan zaure suka yi dariya. Mai unguwa bai yi ba. Ya ce ya ba ni zuwa yankan dawa. Shi da kansa zai zo, a ajiye kasko, mutum ya wuce ta gabansa. In kare ya yi wa wani gurnani, ko ya sake taɓa wani kafin lokacin, maharbi zai yi aikinsa kuma ba na da bakin magana.

Na fito daga zauren nan a fusace. Amma fushi ba zai hana harsashi ba, sai na zauna na yi tunani.

Abin da na fara yi, na kwance shi daga mangwaro. Bayan ɗakina akwai wani lungu, na kewaye shi da zana da tsofaffin kwanon rufi, na sake shi a ciki ba sarƙa. Na koma fita da shi gona bayan sallar asuba, na ce wanda ke da talabijin ya yi gadin abinsa. A gonar ne na lura da abin da ya buɗe mini kai. Karen da ke neman kashe mutum a kan ƙanzo a gida, a can ya kamo ɓera ya ajiye a ƙafata ya tafi neman wani. A gona abinci ko'ina yake, a rami, a ƙarƙashin kunya, a cikin ciyawa, kuma sai ya yi aiki yake samu. In wannan ya kuɓuce akwai wani. A gida kuwa duniyarsa gaba ɗaya kasko ɗaya ce, sau ɗaya, kuma ana ƙwacewa. Sauran yinin ba abin da yake yi sai kallon wurin da kaskon zai sauka. Na ce to, zan kawo masa gona cikin gida.

Na ɗauke kaskon na kife shi a kan rumbu. Da yamma in na dawo, sai in ɗebo busasshiyar ciyawa da bawon masara in baza a lungun, in farfasa ƙanzo ƙanana in watsa a ciki. Ranar farko ya tsaya yana kallona, yana neman inda zai hau ya tsare. Babu. Ya sami guntu ɗaya ya tsaya a kai yana gurnani, sai hancinsa ya jiyo wani a bayansa, ya juya, sai ga wani a gefe. Ba ya iya tsare wuri goma da ƙirji ɗaya. Daga ƙarshe ya haƙura ya sa hanci ƙasa ya shiga nema, wutsiya ta fara motsi. Na jima ban ga wutsiyar nan ta motsa a gida ba.

Na kwaso ragowar yashin ginin Yaya da aka zubar a hanya, na tara tsibi a kusurwa, ina binne masa ƙashi a ciki. Na ƙulla tsohon buhu da guntun ganda a tsakiya na rataye a reshe daidai inda sai ya miƙe zai kai. Sai kuma ƙaho. Wannan a kwata na samo, wurin wani mahauci da muka yi makarantar allo tare.

Na ce masa, “Ƙahon sa nake so, mai faɗin baki.”

Ya dube ni sama da ƙasa ya ce, “Wanzanci ka koma, ko busa za ka fara? Kai da rabonka da teburina tun babbar Sallah.”

“Kare zan ba.”

“La ila. Mutane na zuwa sayen tsoka, kai ka zo wa kare cefane. To angon kare, mai romo kake so ko soyayye?”

“Ka ba ni ƙaho ka rage surutu, wuƙarka ma ta fi bakinka hutawa.”

Ya yi dariya har da buga tebur, ya zaɓo mini guda uku, ya haɗa da tarkacen kitse da ganda da ba mai saye. Daga ranar yake tara mini, kuma duk zuwan da zan yi sai ya tambaye ni lafiyar amarya.

Ƙahon nan na dafa shi na wanke, in cusa tuwo da ɗan kitse can ciki in danna da icce. Kare ya kwanta ya riƙe shi da ƙafafun gaba, yana lasa yana juyawa yana jefawa ƙasa don abin ciki ya faɗo. Abincin da da yake haɗiyewa kafin ka ƙifta ido, yanzu sai ya ɗauke shi daga la'asar zuwa kusan magariba. In ya gama sai ya miƙe ƙafa ya yi barci kamar wanda ya yi huɗa.

Unguwa ta samu abin magana. Wai na bar noma na koma reno. A masallaci wani ya ja jikinsa daga kusa da ni a sahu, alhali na fi shi sanin yadda nake wanke hannuna da canza rigata. Matata ta ce, “Malam, a gidan suna yau da kai aka yi hira.” Na ce, “Sun ci shinkafa?” Ta ce sun ci. Na ce to sun sami biyu.

Sai dai gwajin mai unguwa da kasko ne, ba da ciyawa ba. Don haka da na ga jikinsa ya saki, na sauko da kaskon. Na ajiye shi ba komai a ciki. Kare ya ruga ya hau, ya leƙa, wayam. Na tsaya daga nesa na jefa guntun ganda ya faɗa ciki, na wuce abina. Na dawo na sake jefawa na wuce. Abin da nake so ya shiga kansa shi ne, in mutum ya doso kasko ƙari ya kawo. Kullum ina rage nisa kaɗan. In na ga ya daskare, idonsa ya yi fari a gefe, na san na yi gaggawa, sai in ja baya in koma inda muka tsaya jiya. Ban taɓa dukansa a kan gurnani ba. Gurnanin ai gargaɗi ne, in ka kashe shi da duka sai cizo ya zo ba sallama.

Da ya saba da ni, matata ta karɓa. Bayan ita, sai ga wanda ban zata ba. Masinjan nan da aka ciza ya leƙo ta kan zana wata Asabar ya ce, “Maigida, ni ma a ba ni in jefa.”

Na ce, “Ba ka tsoro?”

“Wallahi ƙafata rawa take. Amma in aka harbe shi a kaina, ina zan kai alhakin? Ni na tura masa abinci da gora.”

Ya jefa ta farko ta faɗa kan kwanon rufi, ta biyu ta faɗa a takalminsa. Matata ta shige ɗaki tana ƙunshe dariya. Ya ce, “Ku yi haƙuri, fayil na iya ɗauka.” Amma ya ci gaba da zuwa duk ƙarshen mako, har kare ya fara kaɗa masa wutsiya.

Dawa ta fara ja, na fara jin sanyi a raina. Sai aka yi mana rasuwa a Tafa, dangin matata, muka tafi tare muka kwana biyu. Na bar wa kare ruwa da abinci a ɓoye a lungunsa, na roƙi masinja ya riƙa leƙawa. Masinja yana fita da asuba ya dawo bayan isha. Da muka dawo, na tarar an yaye zanar, an jibge bulo a lungun, yashin an kwashe, ƙahonin babu ko ɗaya. Kare yana gindin mangwaro da sarƙa a wuya, wuyan ya saɓule. Kasko yana can nesa da shi a kife, gora tana jingine kusa. Matar wani ɗan haya ta ce mini a hankali, Alhaji, wato Yaya, shi ne ya sa leburori suka jawo shi da igiya, ya ce yana bukatar wurin ajiye bulo.

Na ɗauko kaskon na zuba masa tuwo. Na miƙa hannu in gyara masa shi, abin da jiya-jiya nake yi ba komai. Ya kama ni a wuyan hannu. Ya saki nan take ya ja baya yana rawar jiki, amma haƙora biyu sun shiga.

Matata ta wanke mini da ruwan gishiri da sabulu tana hawaye. Ta ce, “Malam, ka bar shi haka. Ka ba wani a ƙauye, ko ka bar su su yi abin da za su yi. Za ka rasa ɗan'uwa, ga hannu.”

Na ce, “In na bari, rantsuwarsa ta zama gaskiya.”

Ban je wurin Yaya ba. Na san in na buɗe baki a ranar, abin da zai fito ba zai gyaru ba, kuma ba ni da lokacin faɗa. Na kwashe bulon nan ɗaya bayan ɗaya da hannu mai ciwo na jera masa a ƙofar shagonsa na gida. Na sake kafa zana, na yi ƙofa na sa kwaɗo. Na je wurin mai unguwa na nuna masa hannuna da kaina, don kada ya ji a bakin wani. Ya daɗe yana kallo, ya ce, “Na ce in ya taɓa wani. Kai ba wani ba ne, kai ka jawo wa kanka. Dawa ta kusa.” Na koma kwata, mahauci ya ga ɗaurin hannu ya buɗe baki zai yi tsiya, ya dubi fuskata, ya rufe, ya miƙo ƙaho.

Muka koma farko. Ciyawa, yashi, ƙaho, kasko ba komai, jifa daga nesa. Abin da ya ba ni ƙarfi, wannan karon bai ɗauki lokaci kamar da ba. Abin da ya koya yana nan, tsoro ne ya danne shi.

Ranar da mai unguwa ya zo, an fara yankan dawa a gonakin bakin rafi. Ya zo da maharbin, wani baƙin dattijo da bindigarsa a naɗe cikin buhu, ya tsuguna a bakin ƙofa yana cin goro. 'Yan haya suka fito suka yi cirko-cirko. Na fito da kare tsakar gida, na ajiye kasko cike da tuwo, ya fara ci. Mai unguwa ya ce wa zai wuce. Masinja ya ce shi ne. Ya taho yana salati a ƙasa-ƙasa, ya bi ta gaban kaskon har gefen wandonsa ya kusa taɓawa. Kare ya ɗago kai, ya dubi hannunsa ko akwai ganda, ya kaɗa wutsiya, ya mayar da kai. Mai unguwa da kansa ya tashi ya wuce, ya dawo, ya tsaya a kansa. Ko gurnani kare bai yi ba.

Sai Yaya ya ce, “Ai ba haka ake yi ba.” Ya je bakin rijiya ya ɗauko gora.

Mai unguwa bai hana shi ba. Yaya ya miƙa gorar ya taɓa kaskon. Kare ya daina ci, ya daskare, gashin wuyansa ya tashi. Maharbi ya daina tauna goro. Ni dai ban tsawata wa kare ba, don in na yi magana za a ce ni na riƙe shi. Yaya ya tura kaskon. Kare ya bi shi da ido, ya dubi Yaya, ya dube ni. Sannan ya juya ya bar masa tuwon, ya shige lungunsa, muka ji yana tonon yashi.

Mai unguwa ya gyara rawaninsa ya ce, “Wannan ba mahaukaci ba ne. Alhaji, ajiye gorar nan, kuma kada in sake jin an taɓa kaskonsa da ita.” Ya ce wa maharbi su tafi.

Da mutane suka watse, Yaya ya kira ni zaurensa. Ban zauna ba. Ya ce to kare ya tsira, Allah ya sa haka ya fi alheri, amma gara in mayar da shi gona gaba ɗaya, don yana so ya sare mangwaro ya ja ɗakuna biyu har lungun, za mu raba abin da aka samu. Ya faɗa yana murmushi, kamar ba abin da ya faru.

Na ce, “Yaya, saurara, sau ɗaya zan faɗa. Ba karen ne ya dame ka ba, wurin da yake kwana kake so, kuma don wurin ka ɗauki sunan Allah ka kai zauren mutane. Wannan tsakaninka da Shi ne, ni ba zan bi ka da shi ba. Amma mangwaron nan ba za a sare shi ba, lungun nan ba za a ɗora masa bulo ba, kare kuma a gidan nan zai tsufa. 'Yan hayanka su sha ruwa, ban hana su ba. Zan gaishe ka da safe don kai ne babba, in ka yi ciwo zan zo, in ka rigaye ni ni zan shiga kabarinka in karɓe ka. Amma daga yau, in kana da magana a kan abin da ke cikin rabona, ka tsaya daga bakin zana ka yi sallama.”